Ikon Alƙali na Jinkirta Biya Bayan Ƙulla Sulhu a Kan Dukiya

Sau da yawa rigimar gida ko gona takan ƙare da sulhu. Misali, magada su yarda ɗayansu ya riƙe gidan gado, shi kuma ya biya sauran naira miliyan 6 cikin wata shida. Idan lokaci ya cika bai biya ba, ya koma gaban alƙali yana neman ƙarin lokaci, shin alƙali yana da ikon ba shi? Amsar tana rataye ne a kan bambance abubuwa biyu: ajalin da masu sulhu suka ƙulla, da jinkirin da alƙali ke yi wajen zartar da hukunci.

Sulhu yarjejeniya ce mai lizimtawa. Aya ta 128 a Suratun Nisa'i ta yabe shi, aya ta farko a Suratul Ma'ida kuma ta yi umarni da cika alkawura. Malaman Malikiyya, kamar yadda ya zo a Mukhtasar na Shehu Khalil, suna ɗaukar sulhun da aka yi a kan wani abu daban da abin da ake jayayya a kansa a matsayin ciniki ko haya, wanda aka yi a kan sashensa kuwa kyauta ce. Saboda haka kuɗin da aka ƙulla bashi ne, ajalinsa kuma sashe ne na yarjejeniyar. Alƙali ba shi da hurumin sauya shi ba da yardar mai haƙƙi ba, kamar yadda ba shi da hurumin rage kuɗin. Abin da zai iya yi shi ne ceto. Bukhari da Muslim sun ruwaito cewa Annabi (SAW) ya yi wa Ka'abu bn Malik nuni da ya sarayar da rabin bashin da yake bin Ibn Abi Hadrad, sai da Ka'abu ya amince sannan aka umarci wanda ake bi ya tashi ya biya.

Zartarwa kuwa aikin alƙali ce, a nan ne ijtihadinsa ke shiga. Aya ta 280 a Suratul Baƙara ta wajabta saurara wa wanda ke cikin ƙunci har ya sami sauƙi. A kan haka fuƙaha'u, ciki har da Ibn Asim (ya rasu 829 Hijira) a Tuhfatul Hukkam, suka karkasa waɗanda ake bi bashi. Mawadacin da ke taurin bashi ba a jinkirta masa, domin hadisi ingantacce ya kira jan ƙafarsa zalunci; a tilasta shi, in ya ƙi a tsare shi. Wanda yake da kadara amma babu tsabar kuɗi a hannunsa, a yanke masa lokacin da zai ishe shi ya sayar, da sharaɗin ya kawo mai lamunin dukiyar. Wanda aka tabbatar da shaidu cewa ba ya da komai, jinkirta masa wajibi ne. Wanda ba a san halinsa ba, a bincika shi tukuna. Tsawon lokacin ma yana bin irin kadarar: idan alƙali ne ke sayar da dukiyar wanda bashi ya cinye, akan gaggauta sayar da dabbobi, amma gida da fili akan saurara musu kamar wata biyu don kada su tafi a wulaƙance.

Wannan jinkiri yana da iyakoki. Ba ya goge bashin, ba ya kuma halatta ƙari. Ɗora wani kuɗi a madadin ƙarin lokaci shi ne ainihin ribar jahiliyya. Majalisar Fiƙihun Musulunci ta Duniya, a zamanta na Jidda a 1990, ta hana ɗora ƙari a kan wanda ya makara wajen biyan kashi-kashi, amma ta halatta a sharɗanta cewa idan ya saɓa, sauran kason zai zama abin biya nan take.

Hatsarin yana ta fuska biyu. Idan alƙali ya saki hannu wajen jinkirtawa, marayu da gwauraye masu jiran rabonsu za su cutu, musamman a lokacin da darajar kuɗi ke zubewa, mutane kuma su guji sulhu. Idan ya tsananta, zai iya raba mai uzuri na gaskiya da matsuguninsa. Maganin da ya fi shi ne a rubuta takardar sulhu a fayyace tun farko: ranar biya, mai lamuni ko jingina, da abin da zai biyo baya idan aka saɓa. Allah ne Mafi sani.