Matsewar Ramin Ƙashin Baya a Ƙugu: Daga Bakin Majinyaci Zuwa Lambar Cuta

Kundin rabe-raben cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, wato ICD-10, wanda aka amince da shi a 1990, ya ba matsewar ramin ƙashin baya lambar M48.0. Idan a ƙugu matsewar take, akan ƙara 6, ta zama M48.06. Ciwon ƙugun da ba a gano musabbabinsa ba kuwa, lambarsa M54.5.

Sau da yawa bayanin majinyaci ne ke raba su biyun. Ramin kan ƙara tsukewa idan mutum ya miƙe, ya buɗe idan ya duƙa. Saboda haka manomi a Matazu mai wannan cuta yakan iya aiki da fartanya a duƙe, amma in ya kama hanyar gida sai ƙafafunsa su yi nauyi, su sage, har sai ya zauna. Idan aka dunƙule wannan bayani da "ciwon baya" kawai, M54.5 za a rubuta, kuma ba lalle a tura shi hoton MRI ba.

Ke nan, tantance kalmomin Hausa na alamomin ciwo nauyi ne da ya rataya a wuyan manazarta harshe da likitoci baki ɗaya.