Hattara Da Masu Tarbar Ka A Bakin Ofishin Fasfo

Ina rubuta wannan ne cikin hanzari, domin lokacin cunkoso a ofisoshin fasfo ya ƙarato. Da an shiga Rajab da Sha'aban masu niyyar Umarar azumi za su fara tururuwa, maniyyata aikin Hajji na biye da su, ga ɗalibai masu neman karatu a waje, ga 'yan Kantin Kwari masu zuwa sarin kaya Sin da Dubai. A irin wannan lokaci ne kasuwar 'yan cuwa-cuwa take ci. Abin da ya same mu a gidanmu ba na so ya sami kowa, shi ya sa zan faɗe shi yadda ya faru.

Gwaggona ƙanwar mahaifina ce, ta haura sittin. Shekaru tana kiwon awaki tana zubin adashi, burinta ɗaya ta ga Ka'aba da idonta. 'Ya'yanta suka cika mata kuɗin Umara, ɗanta na biyu, taubashina, ya ɗauke ta zuwa ofishin fasfo na babban birnin jiharmu. Ba su kai ga ƙofa ba wani mutum ya tare su, da fayil a hammata da biro a aljihun gaba, fes da shi kamar ma'aikaci.

"Sannu da zuwa, Hajiya. Sabo ne ko sabuntawa?"

"Sabo ne, ɗan nan."

"To Mama, ki zo inuwa ki zauna. Mutanen can da kike gani tun asuba suke layi, kuma yau babu sabis. Ni ina da mutum a ciki. Mako biyu, fasfonki yana hannunki."

Ya yanka musu naira dubu 170. Ya ɗauki hoton takardar NIN ɗinta da wayarsa, ya raka taubashina wurin mai POS aka tura kuɗin cikin asusun da ke ɗauke da sunan wani mutum daban. Da aka ce ba ta da takardar haihuwa, ya ce wannan ba komai ba ne, shi zai ji da ita. Gwaggo ta yi ta sa masa albarka, har ta ƙara masa kuɗin mota daga bakin zaninta.

Mako biyu ya zama biyar. Ranar da aka samu ta shiga don ɗaukar hoto da zanen yatsa, jami'ar da ke kan kwamfuta ta duba, ta sake dubawa, sannan ta ce, "Mama, shekarar haihuwar da ke takardar rantsuwar nan ba ita ce a NIN ɗinki ba. Wa ya cike miki?" Ashe takardar rantsuwar da ya ɗora ta bogi ce, shi ya zauna ya ƙaga ranar haihuwa da ka. Lambar waya da imel da aka yi rajista da su kuma duk nasa ne, saboda haka ko saƙon da hukuma ta aiko cewa akwai matsala, wurinsa ya tafi, ya yi shiru da bakinsa. Da aka same shi ya nemi ƙarin dubu 40 na gyara. Kwana uku bayan nan wayarsa ta daina shiga. Azumi ya zo ya wuce Gwaggo tana gida. Na gan ta daren ashirin da bakwai tana kallon ɗawafi a talabijin, hawaye na bin kumatunta, ba ta ce wa kowa komai ba.

Kuɗin da aka yi asara da zafi, amma ba shi ne babbar ɓarnar ba. Babbar ɓarnar ita ce an haɗa sunanta da takardar ƙarya a rumbun bayanan gwamnati, kuma sai da muka yi watanni muna kai-komo kafin a warware.

Ga abin da ya kamata kowa ya riƙe a ka. Hukumar Shige da Fice ta Najeriya ce kaɗai ke bayar da fasfo, kuma farashinsa sananne ne, ba a ciniki. Tun daga 1 ga Satumba, 2025, ƙaramin fasfo mai shafi 32, wanda ke aiki shekara 5, naira dubu 100 ne. Babba mai shafi 64, mai shekara 10, naira dubu 200. Shekara guda kafin nan, a Satumbar 2024, an ɗaga su daga dubu 35 zuwa dubu 50, da kuma daga dubu 70 zuwa dubu 100. Wato cikin shekara guda da 'yan kwanaki ƙaramin fasfo ya kusa ninka kuɗinsa sau uku, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake naira dubu 70. Ni ina ganin wannan tsada ta yi wa talaka yawa, kuma ba zan fasa faɗa ba. Amma tsadar ce ma ta sa nake roƙon kada wani ya ƙara ɗora wa kansa dubu 50 ko 70 a banza, ya miƙa wa wanda ba shi da ikon buga ko shafi ɗaya.

Kuɗin kuma ba a hannu ake bayarwa ba. Ta intanet ake biya, a shafin hukumar, passport.immigration.gov.ng, kuma rasit yana fitowa da sunanka. A lura da ƙarshen adireshin da kyau, gov.ng, domin akwai shafukan bogi da ake yaɗawa a WhatsApp da Facebook masu ɗauke da tambarin hukuma sak. Duk wanda ya ce ka tura kuɗin fasfo cikin asusun wani mutum, ko ka ba shi tsaba ya biya maka daga baya, ka kama gabanka.

Tun Janairun 2024 aka mayar da neman fasfo ta yadda mutum zai cike fom, ya ɗora hotonsa da takardunsa, ya biya, ya zaɓi ofishi da ranar da zai je, duk daga wayarsa. Abin da ya rage a ofis shi ne ɗaukar hoto da zanen yatsu, wanda dole mai fasfon ne da kansa zai je. Takardun ba su da yawa: lambar NIN, takardar shaidar ƙaramar hukumarka ta asali wadda muke kira indijin, hoto irin na fasfo, da shaidar haihuwa. Wanda aka haifa daga Disambar 1992 zuwa yau, takardar Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa ake nema a wurinsa. Wanda ya girmi haka, kamar Gwaggo, takardar rantsuwar shekaru daga kotu ta wadatar, kuma aikin yini ɗaya ne idan ya je da ƙafarsa. Yaro ɗan ƙasa da shekara 18 sai da wasiƙar amincewar iyaye. Wanda fasfonsa ya ɓata sai ya haɗa da rahoton 'yan sanda da rantsuwar kotu. Mai sabuntawa ya riƙe tsohon fasfonsa.

Wurin zuwa ma ba ɓoyayye ba ne. Kowane babban birnin jiha yana da ofishin fasfo. A Kano akwai na Farm Centre da na Dawakin Kudu, a Abuja akwai na hedikwata a Sauka, kan hanyar filin jirgi, da na Gwagwalada. Wa'adin da hukuma ta sanar a 2021 shi ne mako shida ga sabon fasfo, mako uku ga sabuntawa. Wani lokaci ya fito kafin haka, wani lokaci ya zarce. Tun Satumbar 2025 kuma aka buɗe cibiya guda a hedikwatar Abuja inda ake buga fasfo a rarraba wa jihohi. To mutumin da ke tsaye ƙarƙashin bishiya a garinku, da wane hannu zai hanzarta injin da ke Sauka?

Inda nake so a tsaya a natsu shi ne batun suna, domin nan ne mu Hausawa muka fi faɗawa rami. Mutum ɗaya sai ka same shi Muhammad a takardar makaranta, Mohammed a banki, Muhammed a NIN. Garba a gida, Abubakar a takarda. A'isha a nan, Aishatu a can. Wani ya sa sunan garinsu a matsayin sunan ƙarshe a wata takarda, a wata kuma ya sa na kakansa. Mace ta yi NIN da sunan mahaifinta, ta zo fasfo tana so da sunan mijinta, babu takardar aure, babu shaidar canjin suna. Ranar haihuwa kuwa ba a magana: dattawanmu da yawa an rubuta musu 1 ga Janairu ne ranar da aka yi musu rajista, shekarar ma kintace ce, kuma kowane ofishi da irin kintacensa. A zamanin da ake cike fom da biro ana iya kau da kai. Yanzu na'ura ce ke jawo bayananka kai tsaye daga NIN, kuma harafi ɗaya ya isa ya tsayar da aikin. Mai tsohon fasfo, musamman wanda ya yi Hajji shekarun baya da sunan da wani ya rubuta masa, shi ya fi kowa buƙatar dubawa, domin idan tsohon fasfo ya ce wani abu NIN ya ce wani, sabuntawa ba za ta tafi ba sai an daidaita su. Gyaran NIN a hukumar NIMC ake yi, gyaran bayanin fasfo kuma aiki ne na daban mai kuɗinsa da takardunsa da jiransa. Babu ɗan cuwa-cuwar da zai tsallake maka wannan. Iyakarsa ya rufe ɓaraka da takardar ƙarya, kuma ranar da asiri ya tonu sunanka ne a jiki, ba nasa ba. Dokar Shige da Fice ta 2015 ta ɗauki yin ƙarya ko gabatar da takardar bogi don samun fasfo a matsayin laifi mai kai mutum gidan yari. Haka ma wanda aka ce masa ya yi sabon fasfo da wani suna don ya guje wa gyara. Zanen yatsanka yana nan ajiye tun fasfon farko, zai tona ka.

Sannan a daina ɗaukar lambar NIN kamar lambar gida. Da ita aka ɗaure layin wayarka da asusunka na banki. Wanda ya riƙe NIN ɗinka da hotonka da ranar haihuwarka da lambar wayarka ya riƙe abin da zai iya yin shigar burtu da sunanka. Mu dai har yau ba mu daina fargabar hotunan takardun Gwaggo da ke cikin wayar mutumin nan ba.

Akwai wani nau'in da ya fi wannan muni, kuma 'yan mata da zawarawa yake farauta. Ejan ya zo har gida, ya ce zai yi wa yarinya fasfo kyauta, ya samo mata aikin gida a ƙasar Larabawa, kuɗin a riƙa cira daga albashinta. Fasfon ya fito, amma ba a hannunta yake kwana ba. Ta sauka can a karɓe shi, ta zama ba ta da hanyar dawowa sai yadda aka yi da ita. Iyaye, duk wanda ya ce shi zai biya kuɗin fasfon 'yarku kuma shi zai riƙe, ku kai maganarsa ofishin NAPTIP, hukumar yaƙi da safarar mutane, kafin ku sa hannu a komai.

Ba na zargin wanda ya faɗa hannun waɗannan mutane da wauta. Jama'a sun sha wuya a baya. A 2023, lokacin da Olubunmi Tunji-Ojo ya zama ministan harkokin cikin gida, fasfo sama da dubu 200 ya tarar sun maƙale ba a buga ba, wasu masu su sun yi watanni suna sintiri. Wanda ya taɓa wannan jira, ko ya ga ɗan uwansa ya rasa gurbin karatu saboda shi, dole zuciyarsa ta karkata ga mai cewa mako biyu. Ga rashin karatun boko, ga sabis da ke ɗaukewa ana tsakiyar cike fom. Kuma ɗan cuwa-cuwa ba ya daɗewa a bakin ƙofa sai in akwai mai leƙo masa ta taga. Hukumar da kanta ta sha sanar da hukunta jami'anta kan karɓar na goro. Wannan aiki ne da ya rage a kanta, ta share ƙofofinta, ta ajiye teburin taimako mai jin Hausa ga tsofaffi da marasa karatu, ta liƙa farashi da manyan baƙaƙe inda kowa zai gani tun daga titi.

Wanda ba ya iya cikewa da kansa, babu laifi ya je kafe ko ya nemi ɗa ko ƙane mai ilimi. Amma ya zauna kusa da mai cikewar har a gama. Lambar wayarsa za a sa, imel nasa ko na ɗansa, kalmar sirri a rubuta masa a takarda ya tafi da ita. A karanta masa sunansa harafi-harafi da ranar haihuwarsa kafin a tura. Ya ga rasit da idonsa, ya ga adadin da ke jiki. Ladan mai kafe daban, a yi cinikinsa a fili, kada a cusa shi cikin kuɗin fasfo. Mai tafiya Saudiyya kuma ya duba ranar ƙarewar fasfonsa yanzu, domin ana buƙatar ya kasance da sauran aƙalla wata shida, kamar yadda ƙasashe da dama ke nema. Galibin waɗanda ake yanka, ƙurarren lokaci ne ya kai su ga wuƙar.

Ina roƙon limamanmu su faɗi wannan bayan sallar Juma'a, masu unguwanni su faɗa a majalisa, malaman Islamiyya su faɗa wa matan aure. Kai kuma mai karatu, idan akwai wanda ke shirin tafiya a gidanku bana, yau ɗin nan ka ce ya ɗauko takardar NIN da shaidar haihuwa da indijin da tsohon fasfo in akwai, ku shimfiɗa su a tabarma ɗaya ku gwada suna da suna, rana da rana. In kun ga saɓani ku fara da gyara shi. Ranar zuwa ofis kuma ka raka shi da kanka, ku wuce kowa a bakin ƙofa, kada ku tsaya sai gaban teburin jami'i mai kaki.