An Sa Hannu A Gaban Alƙali: Ko Akwai Komawa?

'Yan'uwa masu karatu, da wuya a sami garin da ba a san irin wannan magana ba. Maigida ya rasu ya bar gida da gona. 'Ya'ya da baffanni suka shiga jayayya har aka kai kotu. Ana ta ɗaga shari'a, kuɗi ya ƙare, sai lauyoyi suka ce a yi sulhu. Aka rubuta sharuɗɗa, kowa ya sa hannu ko ya dangwala yatsa, alƙali ya karɓa. Sai da damina ta sauka gwauruwa ta gane fako aka bar mata, fadamar kuwa ta tafi hannun ƙanen miji. To, me za ta yi?

Da fari sai mu sani, sulhun da alƙali ya amince da shi ya zama hukunci, ƙarfinsa ɗaya da wanda aka yanke bayan jin shaidu. Ba a warware shi don mutum ya kwana ya sāke tunani. Da haka ne, da babu shari'ar da za ta ƙare.

Amma ƙofa ba a rufe take ruf ba. Hanya ta fari ita ce ɗaukaka ƙara. Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999, sashe na 241, ya nuna hukuncin da Babbar Kotu ta yi bisa yardar masu shari'a ba a ɗaukaka ƙara a kansa sai an roƙi izini, ko daga kotun da ta yi shi, ko daga Kotun Ɗaukaka Ƙara. Wa'adin kuwa wata 3 ne. Wanda ya makara sai ya kawo dalili mai ƙarfi.

Hanya ta biyu ita ce a shigar da sabuwar ƙara, a roƙi kotu ta soke sulhun. A nan dole a nuna yardar da aka bayar ba ta gaskiya ba ce: an yi zamba, ko an ɓoye wata gona, ko an tsorata mutum, ko dukansu sun yi kuskure kan filin da ake nufi, ko lauya ya ƙulla abin da aka hana shi. Nauyin kawo shaida yana wuyan mai kuka. In kuwa zargin ya kai ga laifi, kamar takardar jabu, Dokar Shaida ta 2011 tana so a tabbatar da shi ba tare da shakka ba. Magajin da aka raba hakkinsa ba da saninsa ba, shi ma yana iya neman kotu ta saurare shi.

Saboda haka rigakafi ya fi magani. Kada mu sa hannu kan abin da ba a karanta mana da harshen da muke ji ba. A je gonar a taka iyaka tare da shaidu, a rubuta ta dalla-dalla. A tabbata an ambaci gwauraye da marayu da waɗanda ke nesa. A karɓi kofen hukuncin a adana. Mu tuna kuma, bisa Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, mallakar filin birni ba ta komawa hannun wani sai da yardar gwamna. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin Hukumar Taimakon Shari'a, wadda aka kafa a 1976.

Mu masu bi muna da wata kotu kafin wannan. A 1 Korintiyawa sura 6 Manzo Bulus ya tsauta wa 'yan'uwa masu kai juna gaban alƙalai alhali akwai masu hikima cikin ekklesiya. Amma kada dattawa su fake da wannan su matsa wa gwauruwa ta haƙura da cuta. Sulhun da aka gina kan zalunci ba salama ba ce.

Kai kuma da ka sami gona ta hanyar wayo, takardar kotu tana iya rufe bakin ɗan'uwanka, amma ba za ta rufe bakin lamirinka ba. Zakka bai jira sammaci ba kafin ya mayar da abin da ya ƙwace. Ka kira ɗan'uwanka da fasto, ku sāke zama, ku koma ku gyara takarda tun kuna da rai, domin kada 'ya'yanku su gāji gaba tare da gona.