Faris Ta 'Yan Gari: Unguwannin Da Motar Masu Yawon Buɗe Ido Ba Ta Shiga

Duk wanda ya je birnin Faris ya dawo, hotunansa kusan iri ɗaya ne da na wanda ya riga shi zuwa. Ga shi a gindin Hasumiyar Eiffel, ga shi a kan titin Champs-Élysées, ga shi kuma cikin turmutsutsu a gidan tarihi na Louvre, ya ɗaga waya sama ko zai samu ya ɗauki zanen Mona Lisa ta saman kawunan jama'a. Wuraren nan sun cancanci a gan su, sai dai cunkosonsu ya kai inda ya kai. A shekarar 2024 kaɗai mutum miliyan 8.7 suka shiga Louvre, kuma a watan Yunin 2025 ma'aikatan gidan sun ƙi buɗe ƙofa na tsawon sa'o'i, suna kukan yawan jama'a ya fi ƙarfinsu.

Mazauna birnin kuwa, su fiye da miliyan 2, akasarinsu ba a nan suke rayuwa ba. Can suke a unguwannin da ake kai yara makaranta da safe, a yi cefane a kasuwar bakin titi, a gaisa da mai gidan burodi da sunansa. Wanda yake son ya san mutanen da suka gina Faris da guminsu, da waɗanda ke riƙe da ita a yau, sai ya hau jirgin ƙarƙashin ƙasa ya nufi arewa da gabashin birnin.

Kafin a kama hanya, yana da kyau a san yadda aka yi talakawa suka koma wancan ɓangaren. A 1853 sarki Napoleon na Uku ya ɗora wani jami'i mai suna Haussmann a kan mulkin Faris da kewayenta, ya ba shi wuƙa da nama ya sake fasalin birnin. Haussmann ya rushe dubban tsofaffin gidaje da lunguna a tsakiyar gari, ya shimfiɗa manyan tituna miƙaƙƙu, aka jera gidajen dutse masu tsayi ɗaya da baranda ta ƙarfe, irin waɗanda duniya ta san Faris da su yanzu. Kuɗin haya ya tashi, leburori da masu ƙananan sana'o'i suka kwashe komatsansu suka koma ƙauyukan bayan gari. A 1860 sai hukuma ta haɗiye waɗannan ƙauyuka, irin su Belleville da La Chapelle da Montmartre da La Villette, aka mai da gundumomin birnin daga 12 zuwa 20. Lambobin gundumomin suna farawa ne daga wajen Louvre, su riƙa kewayawa har su ƙare a gabas. Saboda haka idan ka ji mutum ya ce yana zaune a gunduma ta 18, ko ta 19, ko ta 20, to ya fito ne daga yankin da aka san shi da ma'aikata da baƙi tun fiye da shekara 150.

Belleville ce ta fi dacewa a fara da ita. Tana kan tudu, kuma tun asali mutanenta ba su san tsoron hukuma ba. A 1871, bayan Faransa ta sha kashi a hannun Jamusawa, ma'aikatan Faris suka yi bore suka kafa mulkin kansu na wata biyu da 'yan kwanaki. Da sojojin gwamnati suka shigo murƙushe su, a titunan Belleville aka yi gumurzun ƙarshe, ranar 28 ga Mayu. A maƙabartar Père Lachaise da ke kusa akwai bangon da aka jera wasu daga cikin 'yan boren aka harbe, kuma har yau ƙungiyoyin ƙwadago suna zuwa wurin duk watan Mayu. A wannan yanki ne aka haifi shahararriyar mawaƙiya Édith Piaf a 1915.

Bayan haka unguwar ta zama masaukin duk wanda ya iso Faris da ƙunshin kayansa. Armeniyawa da Girkawa sun zo bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, Yahudawan gabashin Turai suka biyo baya, sai mutanen Aljeriya da Tunisiya a shekarun 1950 da 1960, sannan 'yan ƙasar Sin daga shekarun 1980. Kowane ayari ya bar sawunsa. A kan titi guda za ka wuce mahaucin halal, ka wuce gidan abincin Yahudawan Tunisiya, ka faɗa shagon da aka rataye gasassun agwagi irin na Sin. Ranar Talata da Juma'a da safe kasuwa ke ci a tsakiyar babban titin unguwar, kuma kayan miya da 'ya'yan itace sun fi araha nesa ba kusa ba a kan na tsakiyar gari. Idan ƙafa ta gaji, sai a hau lambun Belleville da ke saman tudun, inda ake hango birnin gaba ɗaya har da Hasumiyar Eiffel, ba layi ba kuɗin shiga. Gaba kaɗan akwai lambun Buttes-Chaumont da aka buɗe a 1867. Da can wurin haƙar farar ƙasa ne da zubar da shara, aka mai da shi lambu mai duwatsu da tafki da gada. Ranar Lahadi nan iyalai ke shimfiɗa mayafi a kan ciyawa su ci abinci.

Unguwar da za ta fi taɓa zuciyar mutumin Afirka ta Yamma kuwa ita ce Goutte d'Or, a gunduma ta 18. Abin mamaki, tafiyar 'yan mintoci ce a ƙafa daga cocin Sacré-Cœur inda baƙi ke cincirindo, amma kaɗan ne daga cikinsu ke gangarowa. Tun ƙarni na 19 unguwar talakawa ce. A nan marubuci Émile Zola ya kafa labarin littafinsa na 1877 mai suna L'Assommoir, kan wata mai wankau da talauci da giya suka ruguza gidanta. Daga baya 'yan Aljeriya suka cika ta, sannan mutanen Mali da Senegal da Kodebuwa da Kamaru da Kwango. Wanda ya san zango a Kumasi ko Akara zai gane tsarin nan take: wuri ne da baƙo ke sauka ya sami mai jin yarensa, da abincin gida, da labarin inda ake neman ma'aikata.

Da ka fito daga tashar Château Rouge, kasuwar titin Dejean ce za ta tare ka. Ga kuɓewa, ga manja, ga rogo da agade, ga busasshen kifi da attarugu. A titunan da ke kewaye, kamar Poissonniers da Myrha, shagunan atamfa da shadda ne jere da teloli da masu kitso. Ranar Asabar 'yan Afirka daga garuruwan da ke kewayen Faris, har da masu zuwa daga nesa, nan suke yin cefanen mako. Gangare kaɗan, a ƙarƙashin gadar da jirgin layi na 2 ke bi ta sama, kasuwar Barbès ke ci ranar Laraba da Asabar, 'yan kasuwa na ta kwala kiran farashi da Faransanci gauraye da Larabci.

Unguwar tana da tarihin gwagwarmaya ita ma. A 1996 wasu ɗaruruwan baƙi marasa takardun zama, yawancinsu 'yan Mali da Senegal, suka fake a cocin Saint-Bernard suna neman a daidaita musu takardu. Ranar 23 ga Agusta 'yan sanda suka fasa ƙofar cocin da gatari suka fitar da su, kuma hotunan wannan rana sun girgiza Faransa. Haka nan an daɗe ana sallar Juma'a a kan titin Myrha saboda masallatan unguwar sun yi kaɗan, har gwamnati ta hana a 2011. A 2013 aka buɗe ginin Cibiyar Al'adun Musulunci a titin Stephenson, mai ɗauke da wurin baje kolin zane-zane da wurin salla. Wanda kuma ke son ganin Babban Masallacin Faris sai ya tsallaka kogin Seine zuwa gunduma ta 5. An buɗe shi a 1926 don tunawa da dubban sojoji Musulmi daga ƙasashen da Faransa ta yi wa mulkin mallaka, waɗanda suka mutu suna yi mata yaƙi a Yaƙin Duniya na Ɗaya.

Sauran unguwannin ma kowace da irin nata. Tsakanin tashar Gare du Nord da La Chapelle, Tamilawan da suka gudo daga yaƙin basasar Siri Lanka a shekarun 1980 sun kafa shagunan kayan ƙamshi da gidajen abinci masu sauƙin kuɗi. A kudu, a gunduma ta 13, dogayen benaye ne da aka gina a shekarun 1970, waɗanda 'yan gudun hijira daga Biyetnam da Kambodiya da Lawos suka cika bayan 1975. A gunduma ta 12 akwai kasuwar Aligre da ke ci kullum ban da Litinin, da wata tsohuwar hanyar jirgin ƙasa da aka mai da ita lambun tafiya a ƙafa mai tsawon fiye da kilomita 4.

To amma a nan ne faɗakarwar take. Wurin tarihi an tanade shi ne don a kalla, unguwa kuwa gidan mutane ce. Wanda ya shiga sai ya shiga da ladabin baƙo. Abu na farko shi ne gaisuwa. Bafaranshe yana ɗaukar shiga shago ba tare da cewa "Bonjour" ba a matsayin rashin tarbiyya, kuma sau da yawa abin da baƙi ke kira girman kan mutanen Faris martani ne ga wanda ya faɗo musu ba sallama. Wannan ba zai yi wa Bahaushe wuya ba. Na biyu, kada ka ɗaga waya ka ɗauki hoton mutane ba da izininsu ba, musamman a Château Rouge da Barbès. Cikin masu tallar dafaffiyar masara a bakin titi akwai waɗanda ba su da takardu, kullum idonsu na kan 'yan sanda, hotonka na iya jefa su cikin damuwa. Na uku, a rumfuna da yawa mai kaya ne ke zaɓar maka 'ya'yan itace, don haka ka nuna da hannu, kada ka kama lalube. Na huɗu, ka kula da aljihunka a cikin jirgi da cikin kasuwa, domin masu yankan aljihu suna bin cunkoso duk inda yake, ko a Barbès ko a gindin Eiffel. Ka kuma riƙe shaidarka a jikinka, saboda 'yan sanda kan tsayar da mutane su tambayi takardu a waɗannan wurare.

Lokaci ma yana da muhimmanci. Yawancin kasuwannin bakin titi na safe ne, tsakar rana na wucewa ake tattarawa. Ƙananan shaguna da yawa ba sa buɗewa ranar Litinin, a watan Agusta kuma masu su kan rufe su tafi hutu na makonni. Ƙishirwa ba za ta sa ka kashe kuɗi ba, domin akwai korayen famfunan ƙarfe da wani attajiri ɗan Ingila, Richard Wallace, ya fara kafawa a 1872, suna ba da ruwan sha kyauta in ban da lokacin sanyi.

Akwai kuma wata gaskiya da bai kamata a ɓoye ba. Duk unguwar da aka yayata kyanta, masu kuɗi da baƙi kan kwararo, haya ta tashi, 'yan asalin wurin su tattara su koma bayan babban titin da ya kewaye birnin, zuwa garuruwa irin su Saint-Denis da Montreuil. Gefen mashigin ruwa na Saint-Martin ya ga haka: da unguwar masana'antu ce da leburori, yau shagunan tsada ne da gidajen shan gahawa. Belleville ma ta kama wannan hanya. Gidajen da ake bai wa baƙi haya ta kwanaki ta manhajoji irin su Airbnb sun ƙara tsananta lamarin, har hukumar birnin ta rage adadin kwanakin da mutum zai iya bayar da gidan da yake zaune a ciki daga 120 zuwa 90 a shekara, tun daga farkon 2025.

Ke nan mai ziyara yana da hannu a cikin abin da zai sami waɗannan unguwanni, ko alheri ko akasinsa. Idan ya sauka a otal ko masauki mai rajista, ya ci abinci a gidan abincin da iyali ke riƙe da shi, ya sayi yadinsa a hannun mai shagon Goutte d'Or, kuɗinsa ya taimaka wa masu wurin su ci gaba da zama. Idan kuwa kallo da hoto kawai ya kawo shi, ya ƙara musu cunkoso bai ƙara musu komai ba. Don haka duk wanda Allah ya nufa da zuwa Faris, ko karatu ya kai shi, ko taro, ko fatauci, ya ware ko da yini ɗaya ya hau jirgin layi na 2 daga Barbès zuwa Belleville, ya sauka ya taka da ƙafarsa. Ya gaida mutane, ya yi ciniki, ya tambayi abin da bai gane ba. Tafiya mabuɗin ilimi ce, amma ga wanda ya yarda ya shiga cikin mutane.