Umaru Ganda, Mai Silimar Talakawa

A gidanmu na Ƙofar Guga na fara jin sunan Umaru Ganda, daga bakin wani kawuna direba mai zuwa Maraɗi. Ni a da, na ɗauka ba a yin silima sai da dambe ko rawar Indiya.

An haifi Ganda a Yamai cikin 1935. Yana saurayi ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙi ƙasar Biyetnam. Da ya komo gida aiki ya gagara, sai ya tafi Abijan yana dako a tashar jirgin ruwa. Can wani Bafaranshe, Jean Rouch, ya sa shi cikin fim ɗinsa na 1958, daga nan ya kama hanyar sana'ar.

Fim ɗinsa na farko shi ne Cabascabo, na 1968, kuma shi da kansa ya fito a ciki. Labarin tsohon soja ne da ya dawo da 'yan kuɗinsa. Abokai da 'yan mata suka yi masa caa. Kuɗi na ƙarewa kowa ya watse, har ya koma neman aikin lebura. Da kawu ya zo nan sai ya yi shiru, don shi ma haka abokansa suka yi masa shekarar da motarsa ta lalace.

A 1972 wani fim ɗinsa, kan wani Alhaji da ya auri yarinyar da aka yi wa wani alkawari, ya ci babbar kyautar bikin silima na Wagadugu. Ganda ya rasu ran 1 ga Janairu, 1981.