MACIZAN GONA DA NA FADAMA: MASU DAFI DA MARASA DAFI

Wanda ya fita birnin Sakkwato ta Ƙofar Kware ya gangara arewa, ba ya jimawa sai ya faɗa fadamar Rima. Nan a ke noman shinkafa da damina, da rani kuwa albasa da tumatir da sauran kayan lambu. To, inda duk a ka sami laima da ciyawa da hatsi, akwai ɓera da kwaɗo. Inda kuwa waɗannan su ke, maciji ba ya nisa, gama su ne abincinsa. Saboda haka ya kamata ko wane manomi ya san macizan da ya ke zaune da su, ya san wanda zai guda da wanda zai ƙyale.

A duniya akwai macizai kusan iri 4,000. Cikinsu wajen iri 600 kaɗai ke da dafi. Amma waɗannan ɗin ma ɓarnarsu ba kaɗan ba ce. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta mutum 81,000 zuwa 138,000 ke rasuwa ko wace shekara saboda saran maciji, galibinsu kuwa manoma ne da makiyaya da yaransu. Cikin 2017 ta sa saran maciji a jerin cututtukan ƙasashe masu zafi da a ka yi wa sakaci.

YADDA MACIJI YA KE ZAMANSA

Jikin maciji ba ya riƙe ɗumi na kansa kamar na akuya ko na kaza. Zafin wurin da ya ke shi jikinsa ke bi. Shi ya sa da hunturu ba a cika ganinsa ba, ya kan lafe cikin suri, ko ramin gafiya, ko ƙarƙashin tarin kara. Da bazara kuma rana ta fi ƙarfinsa, sai ya nemi inuwa da sanyi, har gindin randa. Ruwan farko na sauka, kwaɗi su fito, shi ma sai ya fito. Watau lokacin da manomi ya ɗauki sungumi, lokacin ne maciji ya fi yawo. Haka kuma da kaka, sa'ad da a ke girbi ana tara dammuna.

Maciji ba shi da kunne a waje, motsin ƙasa ya fi ji. Harshen nan nasa mai baki biyu ba da shi ya ke sara ba, da shi ya ke sansano wari. Ba shi da fatar ido, don haka ba a gane yana barci ko idonsa biyu. Dafin kuwa yana cikin wata 'yar jaka bayan ido, ya kan bi ta cikin fiƙa kamar ruwan allura. Amfaninsa a wurin maciji kama abinci ne. Mutum ba abincinsa ba ne, ya kan sare shi ne in an taka shi ko an ƙure shi.

Ambaliya ma tana da nata. In gulbi ya cika ya malale fadama, kamar yadda ya faru cikin Satumba 2010, sa'ad da ruwa ya ci ƙauyuka da gonaki a ƙasar Goronyo da Wurno da Kware, ramuka su kan cika. Macizai sai su hau tudu, tudun nan kuwa shi ne inda mutane da dabbobi su ke fakewa.

MASU DAFI

Kububuwa. Ita ce ƙarama, ita ce kuma mafi kisa a Arewa. Tsawonta ƙafa ɗaya zuwa biyu ne kurum. Launinta kamar na ƙasa, da ɗige-ɗige masu haske a gadon baya, ga wuya siriri. In an matsa mata sai ta naɗe, ta riƙa goga jikinta da juna, ta ba da wani sauti kamar an zuba ruwa a tukunya mai zafi. Da dare ta fi yawo, musamman bayan ruwa. Dafinta ya kan hana jini daskarewa. Mutum zai ga kumburi kaɗan, ya ce ya tsira, bayan yini ɗaya ko biyu sai jini ya ɓalle ta dasashi, ko ta hanci, ko cikin fitsari, ko ta tsohon rauni. Ba banza a ke mata kirari da "gobe da nisa" ba. Cikin mutum 100 da ta sara, in ba a yi allura ba, 10 zuwa 20 su kan mutu.

Kasa. Gajeriya ce mai kauri, wajen ƙafa uku, kanta faffaɗa. Ba ta gudu. Ta kan kwanta kan hanya ko cikin kunya ta dogara ga launinta, in an zo kusa ta kumbura ta yi huci. Nauyin jikinta kada ya ruɗi kowa, wajen kai sara tana da sauri ƙwarai. Fiƙoƙinta dogaye ne. Dafinta ya kan kumbura ƙafa har cinya, ya ruɓar da nama, wani lokaci har sai an yanke ƙafar. Ita ba ta yin ƙwai, haihuwa ta ke yi, 'ya'ya 20 zuwa 40 gami, ko fiye. Ko wane ɗa kuwa da dafinsa ya ke zuwa.

Kumurci. Baƙi ne dogo, ƙafa huɗu zuwa bakwai. In ya fusata ya kan tashi ya fasa kai, ya feso dafi saitin idon mutum daga nisan yadi biyu ko uku. Shi ne ya fi shiga gida, don yana son kwaɗi da ɓeraye da 'yan tsaki da ƙwai. Sau da yawa da dare ya ke sarar mutane, suna barci a tabarma a ƙasa. Wurin saran ya kan ruɓe ya zama gyambo.

Gamsheƙa. Ita ma tana fasa kai, har waɗansu su kan gama sunanta da na kumurci. Amma akwai irin da ba ta feshi, dafinta kuwa jijiya ya ke kamawa. Alamar farko ita ce fatar ido ta yi nauyi, ido ya riƙa rufewa. Sa'an nan haɗiya ta gagara, miyau ya riƙa zuba, daga nan numfashi ya yi wuya. Wannan ba ya jiran gobe, cikin sa'o'i kaɗan ya ke aikinsa.

Akwai kuma wani ɗan baƙi mai sheƙi, gajeren wutsiya, wanda ke zama cikin ƙasa, a kan tono shi wajen noma ko a gan shi bayan ruwan dare. Fiƙarsa ta gefen baki ta ke fitowa, saboda haka ko an kama shi ta wuya sai ya soki yatsa. Kada a ɗauke shi da hannu ko kaɗan.

MARASA DAFI

Mesa ita ce babbarsu, ta kan kai ƙafa 10 zuwa 16. Ba ta da dafi. Kama dabba ta ke yi ta naɗe ta har ta mutu, sa'an nan ta haɗiye. Tana son bakin ruwa da duhuwa. Ta kan yi ƙwai da yawa a rami, ta naɗe a kansu tana gadi har su ƙyanƙyashe. Abincinta gafiya da ɓera da tsuntsaye, babba kuwa ba ta ƙin kaza ko ɗan akuya. Cizonta ya kan yi rauni mai zurfi, sai a wanke a kai asibiti. Kada kuma a bar yara su yi wasa kusa da babba.

Akwai macijin gida mai launin ƙasa-ƙasa ko baƙi-baƙi, wanda a kan samu gindin rumbu. Ɓera ya ke bi har cikin raminsa, inda kyanwa ba ta iya shiga. Wannan ɗan aikin manomi ne da ba a biyansa. Akwai kuma mai shan ƙwai, wanda kusan ba shi da haƙori. Ya kan haɗiye ƙwan tsuntsu ɗungum, waɗansu ƙasusuwa a maƙogwaronsa su fasa shi, ya shanye ruwan ya amayo ɓawon. Abin mamaki, zanensa ya yi kama da na kububuwa, har goga jikin nan yana yi don ya ba da tsoro.

Nan ne gargaɗin ya ke. Siffar kai ko launi ba su isa shaida ba, balle da dare. Wanda bai tabbata ba ya ɗauka mai dafi ne, ya ba shi hanya. Amma bin ko wane maciji da sanda ba dabara ba ce. Mutane da dama wajen kisan a ke sararsu, gonar da a ka ƙarar da macizanta kuwa ɓera ke gadonta. Ko wanda a ka kashe ma a yi hankali da shi, gama kan maciji yana iya sara bayan an datse shi. Na hannun gardi kuma ko an cire masa fiƙa, wata ta kan tsiro.

RIGAKAFI

Yawancin sara a ƙafa ne da hannu. Dogon takalmin roba ya fi kuɗin asibiti araha nesa. Mai fita da dare ya riƙe tocila da sanda, ko da kewayawa zai yi. Kafin a ɗaga damin gero ko tarin harawa, a fara motsa shi da sanda. Mai yankan shinkafa ya duba inda zai damƙa kafin ya sa lauje. Kada a sa hannu cikin suri ko rami, a kuma hana yara tonon gafiya. A nome ciyawar da ke kewaye da gida, a nisanta itace da kara da akurkin kaji daga ɗakin kwana. A kwanta kan gado, cikin gidan sauro, a cusa bakinsa ƙarƙashin shimfiɗa. Dabara ɗaya ke nan mai tsare abu biyu.

IN AN YI SARA

A janye mutum daga wurin, a kwantar masa da hankali, gama ba ko wane sara ne maciji ke zuba dafi ba. A cire zobe da munduwa da takalmi tun kumburi bai zo ba. A sa wa ƙafar ko hannun kara kamar na ɗori, don kada ya motsa. A ɗauke shi, kada ya yi gudu. In yana amai a kwantar da shi ta gefe. Sa'an nan a nufi asibiti nan take, kamar Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ko Asibitin Ƙwararru na Sakkwato.

Kada a ɗaure da igiya ko roba tamau, wannan ya kan kashe ƙafa. Kada a yi tsaga, gama in kububuwa ce jinin ba zai tsaya ba. Kada a tsotsa. Baƙin dutse ba ya zuƙe dafi, lokaci kurum ya ke ci. Kada a ba da asfirin. Ba sai an kama macijin ba. In kumurci ya yi feshi a ido, a wanke da ruwa mai yawa nan da nan, a yi ta wankewa, kada a murza, sa'an nan a je likita ya duba.

A asibiti akwai gwaji mai sauƙi. A kan ɗibi jini kaɗan a zuba cikin kwalba mai tsabta, a ajiye minti 20. In bai daskare ba, an san dafin ya shiga jini, sai allura. Likitoci sun yi aiki da wannan gwaji a Arewa tun shekarun 1970, zamanin da Dokta David Warrell ya ke bincike kan saran maciji a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya. Ita allurar daga jinin doki ko tunkiya a ke yinta, bayan an saba wa dabbar da dafin kaɗan kaɗan. Akwai EchiTAb-G ta kububuwa, da EchiTAb-Plus wadda ta haɗa kububuwa da kasa da kumurci, dukansu da dafin macizan Nijeriya a ka yi su. A Kaltungo ta Jihar Gombe, inda a ke da asibitin saran maciji, an gwada su an ga amfaninsu.

Abin da ya fi cutar da manomi shi ne jinkiri. A kan kwana biyu a gida ana jiƙe-jiƙe, sai jini ya ɓalle a fara neman mota. Ya kamata ko wace unguwa da ko wane ƙauye na fadama su san tun yanzu wa ke da abin hawa, wane asibiti za a nufa, ina kuma za a sami kuɗin allura in ta kama a saya. Shawarar da a ka yanke da rana tsaka ita ke ceton rai da tsakar dare.