Shirin Musamman: Rikicin Fili a Zangon Kataf, Tsakanin Kotu da 'Yan Sanda

Yau shirinmu ya nufi kudancin jihar Kaduna, garin Zangon Kataf, inda Hausawa da Atyap suka daɗe suna cin kasuwa ɗaya.

A farkon 1992, ƙaramar hukuma a ƙarƙashin Juri Babang Ayok ta yanke shawarar ɗauke kasuwar garin zuwa sabon fili. Wani mazaunin gari ya garzaya kotu don a dakatar, amma ranar 6 ga Fabrairu faɗa ya ɓarke. Gwamna Dabo Lere ya kafa kwamitin bincike na Mai shari'a Rahila Cudjoe. Kwamitin bai gama zama ba, sai aka tuge shukar doya a wasu gonaki da ake jayayya a kansu. A watan Mayu wutar ta sake tashi, ta kai har Kaduna da Zariya, aka yi asarar rayuka masu yawa.

Gwamnatin Babangida ta kafa kotu ta musamman ƙarƙashin Mai shari'a Benedict Okadigbo, wadda ta yanke wa Manjo Janar Zamani Lekwot da wasu hukuncin kisa a 1993, ba damar ɗaukaka ƙara. Daga baya aka sassauta zuwa ɗauri. An yi shari'ar kisa, amma tambayar asali, wato "gonar nan ta wa ce?", ba a amsa ta ba. A watan Yuni 2020 rigimar gona ta sake tasowa, aka sa dokar hana fita, har Gwamna Nasir El-Rufai ya kafa kwamitin duba rahoton Cudjoe da na kwamitin Usman Mu'azu na 1995.

To, me doka ta tanada? Dokar filaye ta 1978 ta ɗora amanar ƙasa a wuyan gwamna, ta ba ƙaramar hukuma ikon ba da izinin mallaka na gargajiya a karkara. In maƙwabci ya toshe maka hanyar gona, ko ya tura iyaka da garma, alƙali ne zai saurari shaidu, ya duba takarda, ya je gani da ido. Ɗan sanda ba ya raba gona. Dokar 'yan sanda ta 2020 ma ta hana kama mutum kan jayayyar da ba ta laifi ba. Aikin ɗan sanda shi ne ya hana sara da ƙone-ƙone, ya kama mai tuge shuka, ya tsare umarnin kotu ba sani ba sabo.

Sai dai manomi ba ya iya jiran shari'ar shekara goma, domin damina ba ta jira. Muna kira ga kotuna su gaggauta shari'ar filaye, gwamnati ta shata iyakoki a gaban dattawan ɓangarorin biyu, 'yan sanda kuma su isa gona tun ana cacar baki, kafin a zare adda.

Sai mun haɗu a shiri na gaba. A huta lafiya.